Girman Kai Ba Abin Dariya Ba Ne Kawai

A fim ɗin American Psycho (2000), Mary Harron ta yi wa fankamar maza zambo ta hanyar Patrick Bateman, makashin da kyawun katin sunan abokin aikinsa ke tayar wa hankali, wanda ba shi da amini sai madubi. Kannywood kuwa ta bar wa barkwancin marigayi Ibro wannan jigo. A ganina, asara ce.

A ƙauyukan Bichi da Dambatta, inda rabon gado ke ƙanƙantar da gonaki, akwai saurayin da ya bar gandu, ya dawo daga birni cikin shadda, ya zama baƙo a gidan ubansa. Tashen gwauro ya daɗe da koya mana yi wa namiji dariya. Saura fim ya nuna abin tsoron da ke cikin kaɗaicinsa.