A Karanta Kafin A Yanke Hukunci

Farfesa Ibrahim Malumfashi ya taɓa shafe shekaru yana koyar da adabi a Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da ke Sakkwato, kuma ba na cikin masu raina aikinsa. A littafinsa Adabin Abubakar Imam ya bi diddigin labaran Magana Jari Ce, ya nuna yadda Imam ya ɗebo su daga Alfu Laila da tatsuniyoyin Turai, ya sa musu rigar Hausa. Aiki ne na mai haƙuri.

Inda muka raba gari shi ne laƙabin nan da ya yaɗa, Adabin Kasuwar Kano. Da shi aka tattara ɗaruruwan littattafai, aka watsar a kwandon shara. In aro bai rage darajar Imam ba, me ya sa aron da marubutan soyayya suka yi daga finafinan Indiya ya zama abin gori? Ashe aro halal ne ga na gaba, haram ga na baya?

A dubi Sifaniya. Kafin Don Kishot ya fito a 1605, labaran jarumai mahaya dawakai ne suka cika gidaje, malamai kuwa suna kallonsu a matsayin shirme. Daga wannan shirmen Sarbantes ya gina littafin da duniya ke taƙama da shi. Shi ya sa masani irin Martin de Riker na Basalona ya ƙarar da shekaru yana nazarin waɗancan labaran, don ya san ba a fahimtar ɗa sai an san gidan da ya fito. Ko a cikin Don Kishot ɗin, limamin da ya ƙona littattafai sai da ya duba su ɗaya bayan ɗaya, har ya tsame wasu daga wuta. Mu kuwa a Kano, a 2007, an cinna wa littattafan soyayya wuta a bainar jama'a.

Ban ɗora wa Farfesa alhakin wannan wutar ba. Amma raini daga bakin masani yakan ba mai ashana ƙwarin gwiwa.

A Wurno da Raba da Goronyo, mata da yawa da hayar waɗannan littattafan suka goge a karatun boko, ba da Ruwan Bagaja ba. Alhaki Kuykuyo Ne na Balaraba Ramat Yakubu, da ya fito a 1990, ya tona zaluncin mazaje a gidan aure fiye da maƙaloli masu yawa. An fassara shi da Ingilishi a 2012, kuma a Indiya aka buga fassarar, ba a wata jami'armu ba.