Zuwa Ga Masu Aikin Famfo: Kafin Ku Cusa Hita Cikin Silin



Na ga wani yayi ya shigo. Maigida ba ya son ganin hita rataye a bangon banɗaki, sai ya ce a kai ta sama, tsakanin silin da kwano. Ku kuwa ba kwa musu, tunda shi ke biya. To, kafin ku kafa tsani, ga labarin mutanen Texas ta Amurka, waɗanda suka daɗe da wannan ɗabi'a.

Yawancin gidajensu a kan daɓen kankare ake ɗora su, babu ɗakin ƙarƙashin ƙasa, shi ya sa hita kan ƙare a gareji ko cikin rufi. Tankin galan 50 yakan ci kusan lita 190. Ruwan kaɗai kilo 190 ke nan, ban da ƙarfen, duk a bisa kan mai barci. Kuma irin wannan tanki bai cika wuce shekara 8 zuwa 12 ba tsatsa ta huda shi. A Fabrairun 2021 wani mugun sanyi ya sauka, wuta ta ɗauke, ruwa ya daskare a bututun cikin rufi, suka fashe, silin ya yi ta ruftawa a gidajen Houston.

Hunturunmu ba ya daskarar da ruwa, na sani. Amma tsatsa ba ruwanta da ƙasa, ga ruwan burtsatse da ke tara laka a gindin tanki.

Dokar ginin mutanen Texas ta ce a sa tire a ƙarƙashin hita, zurfinsa aƙalla inci 1.5, da bututun da zai kai yoyo waje. Ku ma ku yi haka, ku fito da bakin bututun inda matar gida za ta ga ɗigo tana shara. In ba haka ba, silin ne zai sanar da su, bayan ya sha ya ƙoshi. Bawul ɗin da ke sakin ruwa idan zafi ko matsi ya yi yawa, shi ma a ja masa bututunsa. Na taɓa ganin wani yaron gida ya toshe shi wai don yana ɗiga, maigidansa na tsaye bai ce uffan ba. Tankin da aka toshe wa wannan kafa yana iya tarwatsewa.

Sai maganar ƙofar shiga silin, inda aka fi cutar mutane. Kuna tafiya mai POP zai zo ya shafe ko'ina sumul, ranar gyara sai an fasa. Ku tsaya da kanku a bar ƙofar da tankin zai iya fita, ba hannu kawai ba. A shimfiɗa katako mai ƙwari a kan katakan rufi, a sa ƙwan fitila.

Makullin ruwa ya zauna ƙasa inda hannu ke kaiwa, ku nuna wa mutanen gida shi. Sannan ku rubuta ranar da kuka ɗaura hitar a jikinta, da maka.