Romon hunturu mai ƙarancin sitaci: ɗanɗanon Koriya da Indonesiya

Hunturu ya kama, ko a Legas da Ibadan ana jin iskarsa da asuba. A irin wannan lokaci ciki kan nemi abu mai nauyi, sai a ƙara malmalar tuwo ko a cika faranti da shinkafa. Idan akwai mai ciwon suga a gidan, ko wanda likita ya ce ya rage ƙiba, a nan matsalar take. Giram 100 na dafaffiyar farar shinkafa na ɗauke da sitaci kusan giram 28, alhali kabeji mai wannan nauyin bai wuce giram 6 ba. Yau za mu haɗa girkin ƙasashe biyu domin a ƙoshi ba tare da tulin shinkafa ba.

A Koriya sanyi kan kai ga ƙanƙara, shi ya sa kafin ya shigo iyalai ke taruwa su haɗa kimchi, wato kabejin da aka jiƙa da gishiri da yaji aka bar shi ya yi tsami. Sunan wannan gayya kimjang, kuma a 2013 hukumar UNESCO ta sa ta cikin al'adun duniya da ake adanawa. Ita kuwa Indonesiya ba ta san irin wannan sanyi ba, amma tana da soto ayam, romon kaza mai kurkur da citta. Daga Koriya za mu ɗauki tsami, daga Indonesiya mu ɗauki romo.

Ki fara da kabejin, domin yana buƙatar lokaci. Ki yanka matsakaicin kabeji ɗaya manya-manya, ki barbaɗa gishiri babban cokali 2, ki bar shi awa 2. Sai ki ɗauraye shi sau biyu ki matse. Ki daka tafarnuwa 5 da ɗanyar citta, ki haɗa da garin busasshen tattasai cokali 2, ɗan barkono, garin kirefish cokali 1 da lawashin albasa. Ki cakuɗa da kabejin, ki danna shi sosai a cikin kwalba mai tsabta har ruwansa ya taso, ki bar ɗan sarari a sama. Bayan kwana 1 zuwa 2 zai yi tsami, sai ki sa a firji. Idan wuta ba ta tsayawa a unguwarku, ki yi kaɗan wanda zai ƙare da wuri. In kika ga fumfuna ko ya yi yauƙi, ki zubar.

Sai romon. Ki daka albasa, tafarnuwa, citta da kurkur, ki soya su a mai cokali 1 har ƙamshi ya tashi. Ki zuba rabin kaza da ruwa lita ɗaya da rabi, ki jefa ciyawar lemun giras, irin wadda ake sa wa shayi. In kazar ta nuna ki tsame ta ki yayyaga naman. Ki goge kwakwa ɗaya, ki tace madararta da ruwan ɗumi, ki zuba kofi ɗaya a romon, ki rage wuta don kada ta tsinke. A can da shinkafa ko taliyar shinkafa ake cin soto. Ke ki zuba ɗanyen kabeji da kika yanka siriri a kwano, ki ɗora naman da dafaffen ƙwai, ki kwarara romo mai zafi a kai. A ƙarshe ki sa kimchi cokali 2, ɗigon man riɗi da lemun tsami. Yara da masu aikin ƙarfi a ba su da shinkafarsu, tukunya ɗaya ta wadatar da kowa.

Ki kula da abubuwa uku. Na farko, kayan kwalba na manyan kantuna: gochujang na Koriya da garin shinkafa da kayan zaƙi ake yin sa, kecap manis na Indonesiya kuma cike yake da suga. Ki karanta abin da aka rubuta a jiki, domin wasu kayan Koriya akwai alade ko giya a ciki. Na biyu, gishiri. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kada babba ya kai giram 5 a rana, kimanin ƙaramin cokali ɗaya, kuma kimchi na da gishiri sosai. Don haka ki rage dunƙulen magi, mai hawan jini kuma ya tsaya a cokali ɗaya. Na uku, wanda ke allurar insulin ko shan ƙwayar glibenclamide kada ya yanke sitaci lokaci guda, sugansa na iya faɗuwa har ya suma. Ya fara tuntuɓar likitansa, ya kuma riƙa auna sugan.

Ki gwada a abincin dare sau biyu a mako, ki rubuto mana yadda maigida ya karɓe shi. Allah Ya ƙara mana lafiya, sai mako mai zuwa.