Lambar jikin kwali ba ta cin ƙwallo

Rubutun wannan makon ya ɗan kauce daga hanyar da muka saba bi, a yi mana afuwa. Mun ga abu ne da idonmu, muka kasa haɗiye shi.

Wani ƙaninmu a Gyaɗi-Gyaɗi ya gama sakandare, karatun gaba bai samu ba, zaman majalisa ya ishe shi. Mahaifiyarsa ta kwashi adashi ta ba shi, yayansa ya cika masa, ya kama ɗan shago a wani lungu bayan Court Road zai buɗe gidan gem. Ya sayi PS4 na hannu guda biyu. Da aka zo maganar allo, sai abokai suka zuga shi cewa ƙwararrun duniya ba sa wasa sai da monita mai 240Hz, idan ya kawo irinta duk yaran Tarauni wajensa za su tare. Ya kwashe kuɗin da ya ware na batir da inbata ya sayo guda biyu. Ranar buɗewa muka je taya murna, muka buga wasa uku, ba mu ga wani bambanci ba, shi ma bai gani ba, sai dai kunya ta hana shi faɗa. Ana cikin wasa na huɗu aka ɗauke wuta.

Ba algus aka yi masa ba, allon nasa mai kyau ne. Na'urar da ya jona ce ba ta da abin da za ta ba shi. Wannan lamba da ake rubutawa da Hz tana nufin sau nawa allo ke sabunta hoto a cikin sakan ɗaya. Mai 60Hz yana zana sabon hoto sau 60, mai 240Hz sau 240. To amma allo ba ya ƙirƙirar hoton da kansa, abin da na'ura ta turo masa shi yake nunawa. PS4, wadda ta fito a 2013, ba ta wuce hoto 60 a sakan, ko da kuwa Pro ce. Ka jona ta da allo mai 240Hz, sittin ɗin nan dai za ka gani. Kamar ka sayi tankin ruwa mai cin durom goma ne alhali mai garuwa ɗaya ke kawo maka ruwa.

Wani zai ce ai gobe zai koma PS5. Allah Ya hore. Sai dai ita ma, da ta fito a ƙarshen 2020, iyakarta 120, kuma ba kowane wasa ke kai nan ba. Fortnite da Call of Duty suna da wannan damar. Wasan ƙwallon da ya riƙe gidajen gem ɗinmu kuwa, wanda har yau muke ce wa FIFA duk da kamfanin EA ya sauya masa suna zuwa FC tun 2023, a kan 60 yake tafiya. Duk wanda ya taɓa leƙa irin waɗannan shaguna daga Hausawa zuwa Zoo Road ya san ƙwallo ce ke kawo ciniki, sauran wasannin ɗan taɓa ka lashe ne.

Kada a ɗauka muna cewa lambar ba ta da amfani. Tana da shi, lissafin ma a fili yake. A kan 60Hz, tsakanin hoto da hoto akwai milisakan kusan 17, wato kashi 17 cikin dubu na sakan. A 144Hz ya sauko kusan 7. A 240Hz ya zama 4 da ɗan ɗoriya, a 360Hz ƙasa da 3. Ku duba inda ribar take: daga 60 zuwa 144 an ci milisakan kusan 10, kuma ido yana ganinsa, ko linzamin kwamfuta ka motsa za ka ji santsin. Daga 144 zuwa 240 ba a ci ko 3 cikakku ba. Daga nan zuwa sama kuwa, sai wanda abincinsa ke wajen. Mai buga Counter-Strike ko Valorant a gasar da ake saka miliyoyin dala yana da hujjar neman wannan ɗan ƙiris, domin kwamfutarsa tana fitar da ɗaruruwan hotuna a sakan, kuma abokin karawarsa yana zaune a zaure ɗaya da shi. Mu da yawancinmu ke riƙe da kwamfutar ofis ta hannu wadda fankarta ke kuka idan an buɗe shafi biyar, wace hujja gare mu?

Ga kuma intanet, wadda ba mai son a taɓo ta. Idan ka shiga wasa da mutanen waje daga Kano, saƙonka sai ya je wata uwar na'ura a Turai ko Afirka ta Kudu ya dawo, jinkirin kan haura milisakan 100 sau da yawa, balle in sabis ya fara rawa da magariba. Mutum ya zuba dukiya don ya rage milisakan 3, alhali 100 na zube a hanya.

Abin da ya fi damun mai gidan gem a gaskiya shi ne jinkirin da ke tsakanin danna maɓalli da ganin ɗan wasa ya motsa. A nan ne talabijin ke cin amanarmu. Yawancinsu suna tsayawa su yi wa hoto kwalliya kafin su nuna shi, kwalliyar kuma tana cin lokaci. Shi ya sa za ka ji yaro yana rantsuwa ya danna fasin ƙwallo ta ƙi fita, a yi masa dariya a ce bai iya ba, alhali wani lokacin da gaskiyarsa. Maganin kyauta ne: a shiga saitin talabijin a kunna Game Mode, a kashe duk wani abin sanya santsin motsi. A kuma kula da wayon 'yan kamfani. Idan ka ga Motion Rate 120 ko TruMotion 120 a jikin kwali, yawanci allon 60Hz ne aka yi masa lulluɓi da suna, ya riƙa cusa hotunan ƙarya a tsakanin na gaskiya. Haka ma "1ms" ɗin da ake bugawa da manyan baƙaƙe, saurin sauya launin allo yake nufi, ba jinkirin maɓalli ba, kuma a yanayin da ya fi yi wa kamfani daɗi aka auna shi.

Akwai wani abu da masu ba da shawara a YouTube ba su sani ba game da mu. Su kowa da allonsa a ɗakinsa. Mu mutum biyu ne a benci ɗaya gaban allo ɗaya, mutum goma a tsaye a baya suna sharhi, kuma cikin 'yan kallon nan ake samun masu biyan wasa na gaba. Monita mai inci 24 ba ta ɗaukar wannan taron. Tunda kuma allon ɗaya ne, jinkirinsa ya hau kan kowa daidai, ba wanda aka zalunta. Inda monita ta yi wa talabijin zarra shi ne cin wuta, domin ƙarama ce, batir zai fi jurewa da ita. Wannan hujja ce mai ƙarfi tun da aka cire tallafin mai a watan Mayun 2023 kuɗin janareto ya zama abokin rabon riba, amma monita mai 60 ko 75Hz ma tana ba da wannan sauƙin, a kuɗin da bai kama ƙafar wancan ba.

Wanda yake da kwamfuta mai ƙarfin gaske, yana buga wasan harbi, kuma da niyyar gasa yake, mu dai a ganinmu ya tsaya a 144 ko 165Hz, ya nemi wayar DisplayPort, sannan ya shiga saitin Windows ya ɗaga lambar da hannunsa. Mun san wanda ya yi wata shida yana yabon allonsa a majalisa, ashe a kan 60 yake tun ranar da ya jona. Idan kuma na hannu za a saya, a Beirut Road ne ko Farm Centre, kada a biya sai an kunna, an ga lambar ta bayyana a saiti, an buɗe farin shafi da baƙi an duba ko akwai ɗigon da ya mutu. Mai shagon da ya ƙi a gwada, a yi masa sallama cikin mutunci.

Shi ƙanin namu ya sayar da ɗaya da faɗuwa, ya sayi batir da talabijin na hannu. Ɗayar tana nan a kusurwar shago, yara suna layin hawa kanta suna biyan ƙarin kuɗi don sun ji an ce ta ƙwararru ce. Mun ce masa ya daina karɓar ƙarin nan, har yanzu bai ba mu amsa ba.