Civilization VII: an bar jaki ana dukan taiki

To, Firaxis ya fara lashe amansa. Kamfanin da ya shafe watanni yana yi mana wa'azi cewa sauya al'umma sau biyu a tsakiyar wasa shi ne babban abin da Civilization VII ya zo da shi, a 2025 ya ce yana gwada hanyar da mutum zai riƙe al'umma ɗaya tun daga farko har ƙarshe. Masu wasa sun ɓarke da guɗa a YouTube kamar an kawo amarya. Ni dai ban ga abin guɗa ba. An janye maganin da ya ƙi aiki, amma har yau likita na nan a kan bakansa game da cutar, kuma a nan ɓarnar take.

Cutar da suka ce sun gano kowa ya haddace ta. Tun kafin wasan ya fito a watan Fabrairun 2025, Ed Beach, wanda ya jagoranci tsara shi, ya yi ta faɗa wa 'yan jarida cewa alƙalumansu sun nuna mutane da yawa ba sa kai wasa ƙarshe. Daga nan aka yanke hukunci: ƙarshen wasa ya lalace, babbar daula gajiya ce, daɗin duk yana zagaye ɗari na farko lokacin da kake leƙen taswira kana neman bakin kogi. Wannan magana ta zama kamar karatun allo a bakin masu sharhin wasanni. Wanda bai taɓa riƙe gari ashirin ba ma yana maimaita ta da ƙarfin hali.

Wane ne ya ce rashin ƙarasawa shaida ce ta rashin daɗi? Je ka gindin bishiya inda dattawa ke dara. Da mutum ya hango an gama da shi, sai ya share ƙasa ya ce a sake, babu mai jira a cinye masa ɗan ƙarshe. Ban taɓa jin wanda ya ce saboda haka dara ta lalace, a raba ta gida uku ba. Wanda ya kai zagaye na 300 a Civilization VI, ya haɗiye nahiyarsa, ya ga babu mai iya tare shi, ya rufe kwamfuta ya kwanta, ya ci riba. Labarin da yake son ji ya riga ya ji. Na'urar ƙidaya a ofishin kamfani ba ta san wannan ba, ita dai ta ga bai kalli ɗan bidiyon nasara ba, sai ta rubuta shi cikin waɗanda suka gaji. Balle mu da ake ɗauke wa wuta a tsakiyar yaƙi, batir ya mutu, gobe aiki ya sha kanmu. Mu ma muna cikin lissafin, an mayar da mu hujja.

Akwai wahala a ƙarshen wasa, wannan ko makaho ya shafa ya ji. Ga ka da gari talatin. Ka danna maɓallin zagaye na gaba, fankar kwamfuta ta hau kuka, ka jira. Sai gari na farko ya tambaye ka me za a gina. Na biyu ma haka. Wani ƙauye da ka ƙwace tun zamanin takobi, wanda ka manta sunansa, yana so ka zaɓa masa tsakanin rumbu da kasuwa. Ayarin fatake ya dawo yana jiran ka nuna masa hanyar da ya bi sau goma. Ɗan leƙen asiri ya gama aiki yana jiran umarni. Majalisar duniya ta kira ka ka jefa ƙuri'a a kan wani kayan ƙawa da ba ruwanka da shi. Kafin ka kai ga abin da ya dame ka, wato jiragen yaƙin maƙwabci da ke taruwa a gaɓar teku, shayinka ya huce. Duk wannan ba laifin girman daula ba ne. Laifin mai tsara wasa ne da ya naɗa ka sarki, ya kuma bar maka aikin hakimi da na dagaci da na mai unguwa, har da na sarkin tasha. Tun 1991 da Sid Meier ya fitar da na farko ake wannan, kuma a duk shekarun nan ba a ba mu waziri ɗaya mai hankali ba. Gwamnonin da aka kawo a Rise and Fall a 2018 hotuna ne masu ƙara maki, ba sa ɗauke maka aiki, ba sa kuma yi maka gardama.

Sai matsala ta biyu, wadda kamfani ba ya son a taɓo: abokan hamayyar da kwamfuta ke tuƙawa ba su iya wasan ba. A mataki mafi wuya na Civilization VI ana ba kowannensu ayarin kafa gari uku tun zagayen farko, kai kana da ɗaya, a kuma ƙara musu kuɗi da ƙarfin gini. Satar fage ce kawai. Idan ka jure ka kamo su, shi ke nan, sauran wasan zagayen fili ne kai kaɗai. Mutum ba ya gajiya don daularsa ta yi girma. Yana gajiya ne don babu sauran wanda zai ba shi tsoro.

Me Firaxis ya yi da waɗannan biyun? Ya datse wasan gida uku: zamanin da, zamanin ƙetare teku, zamanin yanzu. Yadda aka sake shi, da zamani ya ƙare sai a tsayar da yaƙin da kake tsakiyar ci, a kwashe sojojin da kwamandojinka ba za su iya ɗauka ba, biranen da ka sha wahalar renonsu su koma ƙananan garuruwa in ban da babban birni, gine-ginenka su tsufa dare ɗaya. Kafin nan kuma a turo maka “rikici”, annoba ko tawaye ko mahara, a miƙo maka katuna ka zaɓi irin bulalar da za a yi maka. An sa iyaka ga yawan garuruwan da za ka mallaka ba tare da jama'a sun yi fushi ba. An tsayar da tarihi a wajen tsakiyar ƙarni na 20. Wato tunda ba su iya koya wa kwamfuta gudu ba, sai su riƙa ɗaure wa na gaba ƙafa duk bayan ɗan lokaci don na baya su iso. A ce wannan shi ne ƙirƙira. Ko ƙirƙirar ma ba sabuwa ba ce, Humankind na kamfanin Amplitude ya yi sauyin al'umma tun 2021, kuma kowa ya ga yadda mutane suka yi masa ɗanɗanon gishiri suka koma gida.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne yadda aka yi da mu. An sa Sarauniya Amina ta Zazzau cikin shugabanni, muka ce madalla. Sai ka buɗe wasa ka tarar babu Zazzau, babu ƙasar Hausa ko ta magani. Amina za ta fara da Aksum ta Habasha, ta wayi gari tana Songhai a bakin Kwara, ta ƙare a Buganda ta gaɓar tafkin Victoria. Dubban kilomita, harsuna daban, tarihi daban, amma ai duk Afirka ce, ko ba haka ba? Wanda ya fara da Masar kuwa, in ya samu wuraren kiwon doki uku, yana iya rikiɗewa ya zama Mongoliya. Doki uku! Da haka ake zama Mongol, da Katsina ta daɗe da naɗa Khan. Kada a ce wariya ce gare mu kaɗai, Birtaniya ma ba ta cikin wasan da aka sayar dala 70, sai bayan 'yan makonni aka kawo ta a ƙarin da ake biya daban. A nan dai an yi adalci, kowa an tatse shi.

Waɗanda ke cewa babbar daula ba ta da labari, ina jin ba su taɓa buɗe littafin tarihi ba. Daular Usmaniyya ba ta daɗe da kafuwa ba Shehu ya raba ragamarta biyu, gabas a hannun Muhammadu Bello, yamma a hannun Abdullahi, saboda mutum ɗaya ba ya iya ganin ko'ina. A 1893 Sarkin Musulmi Abdurrahman ya naɗa Tukur sarautar Kano, 'ya'yan Abdullahi Maje Karofi suka ƙi, suka fice zuwa Takai, aka yi Basasa, Alu, ɗaya daga cikinsu, ya shiga Kano da ƙarfi, Sakkwato ta haɗiye abin da ba ta so. Naɗi ɗaya ya jawo wannan. Songhai ɗin da suka sa a wasan ma, kafin bindigogin Maroko su karya ta a Tondibi a 1591, rigimar gadon sarauta ta 1588 ta riga ta cinye ta daga ciki. Wannan shi ne ƙarshen wasa na gaskiya: wa za ka naɗa, wa zai ci amanarka, wane yanki ne ya yi nisa har haraji ya daina zuwa, wane kwamanda ne ya yi ƙarfin da ba a iya tsige shi. Ko ɗaya daga cikin waɗannan ya fi katin bulala armashi sau dubu.

Kuma an yi, ba mafarki nake ba. Ɗauki Crusader Kings III, ka fara a 867 da Daurama ta Daura, wadda kamfanin Paradox ya sa cikin waɗanda yake ba da shawarar a gwada. Ka shekara hamsin kana haɗa ƙasa, ranar da ka mutu 'ya'ya su yayyaga ta, kai kuma ka farka a jikin magaji kana kallon ƙannenka suna wasa wuƙa. Babu wanda ya sauko daga sama ya ce zamani ya ƙare. Girmanka ne ya haifi matsalarka. A Rome: Total War na 2004, in ka yi ƙarfi sai Majalisar Dattawan Rum ta juya maka baya, ka koma yaƙi da gidajen da kuka taso tare. A Shogun 2 na 2011 kusan duk Japan ke taso maka in ka kusa kai gaci. Soren Johnson a Old World ya ƙayyade yawan umarnin da za ka iya bayarwa a zagaye guda, don haka sarki mai gari ashirin dole ya zaɓi abin da zai kula da shi ya saki saura. Ba duk na Paradox nake yabo ba. Stellaris, da ya rasa abin yi da kai, sai ya jefo dodanni daga wata duniya, ga kuma nauyin da ke sa kwamfuta rarrafe a ƙarshe. Europa Universalis IV, duk da ya bar ka ka riƙe Kano ko Katsina ko Zazzau daga 1444, hukuncinsa na lambobi ne, ka ci ƙasa lamba ta hau, ka zauna ta sauka. Amma ko su ba su taɓa ƙwace maka daula su ce don amfaninka ne ba.

Na san abin da za a ce. Sababbin 'yan wasa ba su da lokaci, mai riƙe da Switch a cikin mota ba zai iya da gari talatin ba. To ya buga ƙaramar taswira, ai tana nan tun fil azal. Za a ce zamanin da na Civilization VII yana da daɗi. Yana da shi, farkon kowane Civilization ma yana da daɗi, ba a nan ake gardama ba. Strauss Zelnick, shugaban Take-Two mai kamfanin, ya nuna cewa tsofaffin masoya ne ke ƙorafi kuma za su sauko in sun saba. Sun sauko ƙwarai, sun sauko zuwa Civilization VI, har da na biyar na 2010, waɗanda cikin 'yan watanni suka fi sabon yawan masu bugawa a Steam.

Da yake an ambaci na biyar, bari a faɗi inda gizo ke saƙar, ko da abokan gardamata na tun 2010 za su ce na sake tayar da tsohon miki. A Civilization IV na 2005 kowane sabon gari yana cin kuɗi, gwargwadon yawan garuruwanka da nisansu daga fada. Ka faɗaɗa da haɗama, baitulmali ya bushe, bincike ya tsaya, sojoji su yi yaji. Kana iya mayar da wanda ka ci da yaƙi mai biyan gandu, kana iya sakin yankin ƙetare ya tsaya da ƙafarsa. Kuma kwamfuta tana iya tara runduna hamsin a gurbi ɗaya ta doso ƙofarka a zagaye na 350, gabanka ya faɗi. Masu ƙorafi suka ce tarin rundunar ba shi da fasali. Sai Jon Shafer ya zo a na biyar da dokar runduna ɗaya a gurbi ɗaya, aka yi ta tafi. Tun daga ranar kwamfuta ta manta yaƙi. Maharba a gaba, masu takobi a baya, sojoji sun cushe a mashigar dutse suna jiran juna, kai kuma kana jan runduna arba'in ɗaya bayan ɗaya har wuyan hannu ya yi tsami. Shafer da kansa ya rubuta daga baya cewa kwamfutar wasan ba ta kai yadda ya so ba. Rabin gajiyar da ake kuka da ita yau daga nan ta fito. Yanzu a na bakwai an kawo kwamanda mai naɗe sojoji a cikinsa ya kai su fagen fama, ana ta yaba wa Firaxis da basira. Tarin rundunar nan ne da aka kora da jifa, ya dawo da sabon rawani, kuma waɗanda suka fi kowa zaginsa a 2010 su ne a sahun gaba wajen yi masa maraba.