Odar wucin gadi ba hukunci ba ce

'Yan uwa marubuta, ba mu yarda da yadda wasu ke rubuta zaman kotu ba: alƙali ya buga guduma, shi ke nan magana ta ƙare.

A watan Afrilun 2024, Mai Shari'a Usman Na'abba na Babbar Kotun Jihar Kano ya ba da odar dakatar da Ganduje daga shugabancin APC bayan ya saurari ɓangare ɗaya kaɗai. Aka yi ta yayatawa a Facebook cewa an tsige shi. Ba a yi mako guda ba, ɓangaren Ganduje ya koma gaban alƙalin, ya janye odar da kansa.

To, Ganduje yana da lauyoyi. Manomin Roni ko Gwiwa da aka kawo wa takarda cewa kada ya taka gonarsa fa? Sai ya naɗe hannu damina ta wuce shi, alhali sashe na 36 na tsarin mulkin 1999 ya ba shi haƙƙin a saurare shi. Ya bi odar, amma ya garzaya kotun da ta bayar, ya nemi a soke ta, ya fallasa abin da mai ƙara ya ɓoye.

Wa zai sa wannan manomin a labari daga Kazaure?