Suna Linzami Ne? Mu Duba Edward

Mun sha cin karo da sunan Edward a littattafan Turancinmu. Daga tsohon harshen Ingila ya fito, kalmomi biyu aka haɗa: "ead", wato arziki, da "weard", mai gadi. Mai tsaron dukiya ke nan.

Hausawa kan ce suna linzami ne, shi ya sa wasu ke ɗaukar kowane Edward mai riƙon amana. Mu kam ba mu yarda ba. Sarki Edward na Takwas ya ajiye sarautar Birtaniya a 1936, ko shekara bai cika ba, don ya auri wata Ba'amurkiya. To, ina gadin? Shi kuwa Edward Jenner likitan karkara ne, ba ma'aji ba. A 1796 ya gwada rigakafin agana, cutar da ta addabi kakanninmu.